Direban da Aka Hana wa Lasisi: Ina Zai Kai Kukansa?

Da wuya a sami Ikilisiya ɗaya a cikin dayosis ɗin nan wadda ba ta da direbobi a cikinta. Akwai masu bas, da masu tasi, da masu keke mai ƙafa uku, da 'yan acaɓa a garuruwan da ba a hana su ba. Mukan gan su a Misa ta farko ranar Lahadi, suna hanzarin fita tun ba a gama sanarwa ba, gama fasinja ba ya jira. Abincin gidajensu kuwa yana rataye ne a kan wata 'yar takarda, watau lasisi, ko izinin hanya, ko lambar da hukuma ta manna a jikin abin hawa. Ranar da aka ƙi sabunta takardar nan, ko aka soke ta, ranar ce tukunya ke sauka daga kan murhu.

Bari mu ɗauki misalin mutum ɗaya daga cikinsu. Ya je ofis domin ya sabunta izininsa, aka ce masa ba za a sabunta ba, ba a kuwa faɗa masa dalili ba. Motar ba tasa ba ce, mai ita yana jiran balas kowace yamma, ga kuɗin makarantar yara ya ƙarato. Kafin ya koma tasha ya riga ya sami mashawarta uku. Na fari ya ce masa ya nemi wane a ofishin ya ba shi na goro, gobe takarda ta fito. Na biyu ya ce a tara jama'a a tare hanya, a ƙone taya, sai hukuma ta ji a jikinta. Na uku kuwa, wanda yawanci shi ne dattijo a cikinsu, ya ce ya yi haƙuri ya bar wa Allah, talaka ba ya ja da gwamnati. Akwai hanya ta huɗu wadda ba kasafai ake ambatonta a tasha ba: ya rubuta takarda ya nemi a ba shi dalili, ya kai kukansa ga na gaba da wanda ya yanke shawarar, in ta kama ya je kotu. Tambayarmu ita ce, hanyar nan ta huɗu dabara ce kawai a cikin dabaru, wadda mutum zai ɗauka in ta fi sauri ya bar ta in ta yi nisa, ko kuwa lamiri yana da abin da zai ce a kai?

Ba za mu iya amsawa ba sai mun tuna abin da ya sa aka ƙago lasisin tun farko. Matar da ta shiga bas da goyo a bayanta ba ta iya duba birki, ba ta san shekarun tayoyin ba, ba ta san ko direban yana gani sosai da dare ba. Ta ba da ranta da na ɗanta amana ga mutumin da ba ta taɓa gani ba. Lasisi shi ne shaidar hukuma ga matar nan cewa an duba mata abin da ita ba ta iya dubawa. Saboda haka a kowace rigimar lasisi mutum uku ne, ba biyu ba. Akwai direba, akwai jami'i, akwai kuma fasinja wanda ba ya nan a ofis sa'ad da ake magana, amma shi ne zai biya da jininsa idan an yi kuskure.

In mun dubi shawarwarin nan uku ta fuskar fasinja, za mu ga suna da kama ɗaya, ko da yake masu ba da su ba sa shiri da juna. Dukansu suna binne tambayar da ta fi kowace muhimmanci, watau, shin hanawar daidai ce ko ba daidai ba ce? Wanda ya ba da toshiyar baki ya sami takardarsa, amma ba wanda ya duba ko motar ta cancanta. Wanda ya tare hanya, in ya yi nasara, ya yi ta ne domin hukuma ta ji tsoro, ba domin ta gane ta yi kuskure ba. Wanda ya naɗe hannu ya koma gida ya bar jami'in da tunanin cewa yana iya hana kowa ba tare da ya ba da lissafi ba. A cikin hanyoyin huɗu, ɗaukaka ƙara ce kaɗai take tilasta a ɗora dalili a kan tebur, a gaban wani wanda ba shi da rabo a cikin rigimar.

Game da na goro ya kamata mu yi magana da gaskiya da tausayi gaba ɗaya. Dokar hukumar ICPC ta shekarar 2000 ba ta bar mai bayarwa ba, ta tanadi ɗaurin shekara bakwai ga mai karɓa da mai bayarwa duka. Amma a wajen lamiri ba ma sa mutum biyu a ma'auni ɗaya: wanda takardunsa suka cika, aka riƙe masa haƙƙinsa har yunwa ta sa ya miƙa hannu, da wanda ya san motarsa ba ta da birki ya sayi sa hannun jami'i. Na farko an yi masa ƙwace ne, na biyu kuwa ya sayar da rayukan fasinjojinsa. Duk da haka, ko na farkon ya bar wani abu a bayansa. Ya koya wa jami'in cewa hanawa sana'a ce mai riba, sa'an nan ya sa wa takardar farashi, wanda na bayansa a layi zai tarar, mai yiwuwa kuma shi ba shi da ko sisi.

Akwai wani misali daga ƙasar Ingila wanda ya isa a tsaya a kansa, domin an yi shi a fili, kowane mataki kuma yana rubuce. Ranar 22 ga Satumba 2017, hukumar sufuri ta birnin Landan ta sanar cewa ba za ta sabunta lasisin kamfanin Uber ba, kamfanin da ke haɗa fasinja da direba ta wayar hannu. A lokacin kamfanin yana da direbobi wajen 40,000 a birnin, da fasinjoji wajen miliyan uku da rabi. Hukumar ba ta ce "an hana" kawai ta yi shiru ba. Ta rubuta dalilanta: yadda kamfanin yake sakaci wajen kai rahoton manyan laifuffuka ga 'yan sanda, da yadda ake samun takardun lafiyar direbobi da na binciken halinsu, da kuma wata manhaja da za a iya amfani da ita a ɓoye wa jami'an hukuma abin da ke gudana. Da farko kamfanin ya bi hanyar mashawarci na biyu, ko da yake ba da taya da ashana ba: ya tara sa hannun jama'a, fiye da mutum 500,000 cikin 'yan kwanaki. Sa hannun bai mayar masa da lasisi ba. Dokar ta ba shi kwana 21 ya ɗaukaka ƙara zuwa kotun majistare, ta kuma yarda ya ci gaba da aiki har a yanke hukunci. Can ya nufa.

Abin da ya faru a kotun majistare ta Westminster a watan Yuni 2018 shi ne abin da muke so masu karatu su riƙe. Lauyoyin kamfanin ba su tsaya a kan cewa an zalunce su ba. Sun yarda a gaban alƙali cewa shawarar da hukumar ta yanke a 2017 daidai ce bisa ga yadda kamfanin yake a wancan lokaci, sa'an nan suka nuna abin da suka gyara tun daga nan: an sauya shugabanni, an soma kai rahoton laifuffuka ga 'yan sanda kai tsaye. Mai shari'a Emma Arbuthnot ta ba su lasisi, amma na wata 15 kawai, da sharuɗɗa, ta kuma sa su biya hukumar fam 425,000 kuɗin shari'a. A Nuwamba 2019 hukumar ta sake hanawa, bayan ta gano cewa waɗansu mutane marasa izini sun sa hotunansu a kan rajistar waɗansu direbobi, suka ɗauki fasinja sau fiye da 14,000. Kamfanin ya sake komawa kotu, a Satumba 2020 aka ba shi wata 18, ya kuma sake biyan kuɗin shari'a.

Wa ya ci nasara a nan? In an tambayi kamfanin zai ce shi ne, gama motocinsa ba su tsaya ba ko kwana ɗaya. In an tambayi hukumar ita ma za ta ce ita ce, gama an tabbatar da dalilanta an kuma tilasta gyara. A ganinmu wanda ya fi kowa riba shi ne mutum na uku, fasinjan da bai je kotu ba. Da a ce an shirya maganar a bayan ƙofa, da ba a gyara komai ba. Wannan ya kawo mu ga abin da ya sa hanyar shari'a take da nauyi a wajen lamiri, shi ne kuma abin da ya sa mutane da yawa suke gudunta. Mai ɗaukaka ƙara ba jami'i kaɗai yake kaiwa gaban alƙali ba, har da kansa yake kaiwa. Yana cewa ne, a dube ni, a dubi motata, a dubi takarduna, in ni ne da laifi a faɗa mini. Hausawa sun ce in ɓera da sata, daddawa ma da wari. Ba duk wanda aka hana wa lasisi ne aka zalunta ba, mu ma da muke bin hanyoyin ƙasar nan mun sha shiga motocin da bai kamata su bar gareji ba. Mutumin da yake so a saurare shi, amma ba ya so a bincike shi, ba adalci yake nema ba, biyan bukata yake nema.

Mun san abin da direbanmu zai ce in ya karanta wannan, yana kuwa da gaskiya. Zai ce, wancan kamfani ne mai dukiya, yana da manyan lauyoyi, doka kuma ta bar shi yana aiki yana shari'a. Ni motata tana ajiye, kowace rana bashi yana hawa kaina, a kotu kuma sai ɗage zama. Ba za mu rufe wannan magana da kalmomi masu daɗi ba. Hanyar shari'a a ƙasarmu tana da tsawo da tsada, akwai kuma waɗanda suka bi ta da gaskiyarsu suka dawo hannu wofi. Duk wanda ya ce wa matalauci ya bi doka, sa'an nan ya juya ya bar shi shi kaɗai da yunwarsa, ya ɗora masa kaya ne bai taya shi ɗauka ba.

Amma ba gaskiya ba ne cewa ƙofa a rufe take ruf. Sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ba kowane mutum haƙƙin a saurare shi bisa adalci. Ya kuma nuna cewa dokar da ta ba wata hukuma ikon yanke shawarar da ta shafi haƙƙin mutum dole ta ba mutumin zarafin faɗin nasa kafin a yanke, kada kuma ta mai da shawarar hukumar ta zama ta ƙarshe wadda ba a iya ƙalubalanta. Watau kalmar jami'i a bayan tebur ba ita ce kalma ta ƙarshe ba. Akwai Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975 domin irin wannan matsala ta tsakanin talaka da ofisoshin gwamnati. Tana da ofis a kowace jiha, ba a biyan ko kwabo, ba a kuma bukatar lauya. Ƙarfinta na bincike ne da ba da shawara, ba ta tilastawa kamar kotu, tana kuma so mutum ya fara bin matakan cikin ofishin da yake ƙara, ya kawo kukansa cikin wata 12. Amma sau da yawa wasiƙa mai hatimin wata hukuma tana motsa fayil ɗin da roƙo bai motsa ba. Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta ba ofishin gwamnati kwana bakwai ya amsa wa wanda ya nemi bayani a rubuce. Bayan waɗannan akwai babbar kotu, wadda take da ikon soke shawarar da aka yanke ba bisa ƙa'ida ba, ko ta umarci jami'i ya yi aikin da doka ta ɗora masa.

Kotunan nan kuwa sukan yanke wa hukumomin hanya hukunci. A watan Oktoba 2024 Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja, a ƙarar da wani lauya ya shigar, ta yanke cewa jami'an duba motoci na Babban Birnin Tarayya, waɗanda aka fi sani da VIO, ba su da ikon doka na tsare motoci ko ƙwace su ko cin direbobi tara. Hukumar ta ɗaukaka ƙara, wannan ma haƙƙinta ne. Abin lura shi ne, direbobi sun yi shekaru suna gunaguni a kan wannan a tasha da wurin mai shayi, amma sai da mutum ɗaya ya rubuta ya kai gaban alƙali aka tambayi hukumar wace doka ce ta ba ta iko.

Ba mu ce yajin aiki haramun ne ba. A Janairu 2022 masu A Daidaita Sahu a Kano sun ajiye aiki na 'yan kwanaki a kan kuɗin sabunta izinin da hukumar KAROTA ta sa, birni ya tsaya, ɗalibai da ma'aikata suka taka da ƙafa, daga bisani aka zauna aka sasanta. Sa'ad da doka ko farashi ya shafi dubban mutane gaba ɗaya, janye aiki cikin lumana hanya ce halattacciya, ta kuma bambanta ƙwarai da ƙone-ƙone. Sai dai yajin aiki yana auna ƙarfi ne, ba gaskiya ba, ba ya kuma warware maganar mutum ɗaya da aka hana shi kaɗai. Muna da tambaya ga ƙungiyoyin direbobi a nan. Kowace safiya ana karɓar kuɗin ƙungiya a tasha. Nawa ne daga ciki ake ajiyewa domin ɗaukar lauya sa'ad da aka danne wa ɗan ƙungiya haƙƙi? Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, amma abin da direba ɗaya ba zai iya biya ba, direbobi ɗari biyar za su iya ba tare da sun ji ba.

Wajibi ne kuma mu juya ga masu riƙe da hatimi, gama waɗansunsu suna zaune tare da mu a kan benci ɗaya ranar Lahadi. Ba daidai ba ne a ce wa talaka ya bi doka alhali hukuma tana tsallake ta. A 1985, a zamanin mulkin soja, gwamnatin Jihar Legas ta fitar da Cif Emeka Ojukwu da ƙarfi daga wani gida a Ikoyi alhali maganar tana gaban kotu, ta kuma ƙi bin umarnin mayar da shi. Da ta je Kotun Ƙoli neman sauƙi, kotun ta ƙi ba ta, bisa dalilin cewa wanda yake raina umarnin kotu ba shi da bakin neman alfarmarta. Jami'in da ya hana lasisi bai ba da dalili ba, ko ya ɓoye wa mutum cewa yana da ikon ɗaukaka ƙara, ko ya ajiye fayil a ƙasan tebur yana jiran a gane nufinsa, shi ne yake tura mutane zuwa ga mashawarci na fari da na biyu. Rubuta dalili a layi uku ba ya cin minti goma.

Wannan hali na ajiye mutum ana jiran hannunsa ba sabo ba ne. Littafin Ayyukan Manzanni ya ba da labarin yadda gwamna Filikus ya riƙe Manzo Bulus a tsare a Kaisariya shekara biyu, yana yawan kiransa da begen za a ba shi kuɗi. Bulus bai bayar ba, bai kuma naɗe hannu ba. Sa'ad da Festas ya gaji Filikus ya so a kai shari'ar Urushalima, inda maƙiyansa suke da ƙarfi, Bulus ya yi amfani da haƙƙinsa na ɗan ƙasar Roma ya ɗaukaka ƙara zuwa ga Kaisar, bayan ya bayyana cewa in an same shi da laifi ba ya gudun hukunci. Labarin bai ɓoye tsadar abin ba. Sarki Agaribas ya lura cewa da ba don ƙarar ba da an iya sakinsa, sa'an nan ga doguwar tafiya a teku, da fashewar jirgi a Malta, da waɗansu shekara biyu a tsare a Roma. Haƙurin da mashawarci na uku yake wa'azinsa ba irin wannan ba ne. Nasa haƙuri ne na wanda ya fid da rai, wannan kuwa haƙuri ne na wanda yake jiran amsa domin ya riga ya yi tambaya.

Saura mu da ba direbobi ba. A cikin kowace Ikilisiya akwai malamin makaranta, ko tsohon akawu, ko lauya, wanda zai iya zama da ɗan'uwa rabin sa'a bayan Misa ya taya shi tsara wasiƙa. Akwai Hukumar Adalci, Ci Gaba da Zaman Lafiya ta dayosis, wadda irin wannan aiki yana cikin abin da aka kafa ta dominsa. Akwai kuma Zumuntar Mata da ta maza, waɗanda in sun ga dama za su iya riƙe gidan mutum da mudun hatsi a makonnin da motarsa take ajiye, domin kada yunwa ta yanke masa shawara.

Wasiƙar kanta ba ta bukatar manyan kalmomi. Ta faɗi sunan mai ita da lambar abin hawansa, da ranar da ya nema da ranar da aka hana, ta roƙi a ba shi dalili a rubuce, ta kuma nemi a sake duba shawarar. A haɗa ta da kwafin rasit da na tsohon lasisi, ainihin takardun kuwa su zauna a gida. A yi ta kwafi biyu, a sa akawun ofis ya buga hatimi da kwanan wata a kan wanda za a komo da shi. In dalilin da aka bayar gaskiya ne, taya ce ta suɗe ko takardar inshora ta ƙare, sai a gyara a sake nema, magana ta ƙare. In ba gaskiya ba ne, ko aka ƙi amsawa, kada a zauna ana jiran albarkacin wani babba har lokaci ya ƙure. Dokar kare jami'an gwamnati, da ƙa'idodin kotuna da dama, sun sa iyakar wata uku ga mai son ƙalubalantar abin da jami'i ya yi a bakin aikinsa, ana kuwa soma ƙirga kwanakin ne tun daga ranar da aka yanke shawarar, ba daga ranar da mutum ya gaji da zirga-zirga ba.